Zuwa ga Edita: Alif na allo da A na boko kakansu guda ne

Assalamu alaikum Malam Edita, da fatan kana lahiya kai da ma'aikatanka, Allah shi ƙara basira amin.

Abin da ya sa na ɗauko alƙalami shi ne gardamar nan da ta ƙi ƙarewa a filin ra'ayoyin masu karatu kan ajami da boko. Wani ya rubuto ya ce boko rubutun Nasara ne, su sunka ƙirƙiro abinsu sunka zo sunka ƙaƙaba mana, wani kuma ya mayar masa da martani wai ai Girkawa ne sunka fara ƙirƙiro haruffa a duniya don haka duk mai rubutu yau albarkacinsu yake ci. Ni dai duk su biyun ban yarda da su ba. Turawan Ingila aro sunka yi wurin Rumawa, Rumawa su ma gado sunka yi daga Girkawa, Girkawan kuma da bakinsu sunka ce aro sunka yi, don masanin tarihinsu Herodotus tun ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam ya rubuta cewa Finikiyawa ne sunka kawo musu haruffa, har ma da sunan haruffan Finikiya suke kiransu.

Bari in ɗan ja baya kaɗan don kafin wanga aro Girkawa sun taɓa yin wani rubutu sunka rasa shi. Tun shekarar 1900 wani Bature Arthur Evans ya fara tono a Knossos cikin tsibirin Kirit ya tarar da allunan laka masu wasu zane-zane da ba wanda ya iya karantawa, shi ne ya sa musu suna Linear B, daga baya a 1939 anka sake samun irinsu a Pylos. Sai 1952 wani matashi Michael Ventris, wanda ma aikinsa zanen gine-gine ne, ya kwance ƙullin ya gano ashe Girkanci ne na da can, na wajen shekara 1400 zuwa 1200 kafin haihuwar Annabi Isa. To da anka karanta me anka samu? Ba waƙa ba hikaya, lissafi ne kurum, tumaki kaza, ulu kaza, man zaitun kaza, keken yaƙi kaza, kai ka ce littafin malamin jangali ne. Kuma rubutun bai zauna da harshen ba sam, kowace alama gaɓa ce sukutum, alamun sun kusa 90, ba su bambanta L da R, sunan Knossos ma ko-no-so suke rubuta shi, Pylos kuma pu-ro. Magatakardan fada ne kaɗai sunka iya shi, shi ya sa da fadojin sunka rushe wajen shekara ta 1200 rubutun ya bi su, kuma wutar da ta cinye fadojin ita ce ta gasa allunan lakar har sunka kawo yau. Kusan shekara 400 ƙasar Girka ta yi ba rubutu.

Su kuwa Finikiyawa mutanen bakin teku ne a inda Labanan take yanzu, garuruwansu Sur da Saida da Jubail, fatake ne na gasken gaske masu jiragen ruwa, ƙasar da Kwarorin nan masu kantin yadi sunka fito ke nan. Haruffansu 22 ne kuma daga dama zuwa hagu ake rubutawa kamar dai yadda yaro ke yi a allo. Su ma ba su sunka fara ba, an samu rubutun da ya girmi nasu a kan duwatsu a Sina'i da kuma cikin Masar, kuma masana da yawa sun tafi a kan cewa daga zane-zanen rubutun Fir'aunoni anka tsakuro siffofin. Harafin farko alef ma'anarsa sa, kan sa ne da ƙahoni biyu, ka ɗauki A na boko ka kifa shi ƙasa ka gani ko ba kan bajimi za ka gani ba. Na biyu bet ma'anarsa gida, duk wanda ya je islamiyya ya san baiti. Girkawa sunka karɓa wajen ƙarni na 8 kafin haihuwar Annabi Isa har da sunayen, alef ya koma alfa, bet ya koma beta, gimel gamma, dalet delta, alhali waɗannan sunaye ba su da ma'anar komai a Girkanci, wanda wannan kaɗai ya isa shaida kayan aro ne.

Ga inda nake son masu gardamar su tsaya su duba da kyau. Su dai haruffan Finikiyawan nan wani reshe nasu ya bi ta Aramiyanci ya faɗa hannun Nabaɗawa mutanen Petra da ke Jodan ta yanzu, daga nan rubutun Larabci ya fito, daga Larabci kuma ajaminmu. Duk wanda ya zauna gaban malamin zaure ya san abajada hawaza haɗaya kalamana. To wanga jeri ba shi ne jerin alif ba ta sa ba, tsohon jeri ne na asali, kuma ka dubi kalamana da kyau, kaf lam mim nun, sannan ka karanto boko, K L M N, a jere suke ba ko tsallake. Girkawa ma kappa lambda mu nu. Hisabin da malamanmu ke yi da haruffa, irin ramzin da ake rufe waƙoƙin zamanin su Malam Abdullahin Gwandu da shi don a nuna shekarar da anka yi waƙa, Girkawa ma suna lissafi haka da nasu haruffan kuma lambobin sun yi daidai a wurare da yawa, alif 1 alfa 1, ba 2 beta 2, jim 3 gamma 3, dal 4 delta 4, ya 10 iota 10, kaf 20 kappa 20, lam 30, mim 40, nun 50 duk haka, ain 70 shi ne O nasu 70, fa 80 shi ne pi 80, pi ɗin nan da ke wahalar da ɗiyanmu a lissafin sakandare. Wallahi da ana nuna wa almajiri da ɗan boko wannan tun suna yara da rabin raini da ke tsakaninsu ya ragu.

To in aro sunka yi, me ya sa ake ta yabon Girkawa? A nan gaskiya dole a ba su haƙƙinsu. Rubutun Finikiyawa babbaƙu ne ba farfaru, baƙaƙe zalla ba wasali, mai karatu shi zai cike da kansa. A harshensu abin na tafiya, amma Girkanci kalmominsa da yawa da wasali suke farawa kuma nahawunsa ya rataya a kan wasullan ƙarshen kalma. Ka gwada da Hausa ka gani, in na rubuta maka d da k kawai, doki nake nufi ko duka ko daka ko doka? Sai Girkawa sunka duba sunka ga akwai haruffan maƙoshi irin su hamza da ha da ain waɗanda bakinsu bai san da su ba, ba su yar da su ba, sai sunka sauya musu aiki. Alef ya zama A, he ya zama E, ain wanda da ma zanen ido ne zagaye ya zama O, yod ya zama I, waw kuma ya ba su U. Wasali ya samu harafinsa na kansa a tsaye cikin layi kafaɗa da kafaɗa da baƙi. Sannan sunka ƙara nasu a ƙarshen jeri don sautukan da Finikiyawa ba su da su, fi da khi da psi da omega. Larabawa su ma sun haɗu da wagga matsala daga baya sunka bi wata hanya, ɗigo-ɗigo da fataha da kisira da rufu'a a sama da ƙasa, aikin da ake danganta wa su Abul Aswad Addu'ali da Khalil bin Ahmad.

Abin da ya fi burge ni shi ne abin da mutane sunka fara yi da sabon rubutun. Cikin mafi tsufan da anka samu akwai wani tulun giya a Atina na wajen shekara ta 740 kafin haihuwar Annabi Isa, an karce a jikinsa cewa kyauta ce ga wanda ya fi kowa iya rawa. Akwai wani kofi kuma da anka tono a 1954 a tsibirin Iskiya kusa da Italiya cikin kabarin wani yaro, layi uku, raha ce mai kofin yake yi cewa duk wanda ya sha da shi soyayya za ta kama shi nan take. Wajen shekara ta 590 kafin haihuwar Annabi Isa sojojin haya Girkawa da ke yi wa Fir'auna aiki sun karce sunayensu a ƙafar gunkin Ramsis a Abu Simbel can kudancin Masar, yana nan har gobe. Rubutu ya fita daga fada ke nan ya shiga hannun gama-gari, don harafi ashirin da 'yan kai kowa na iya haddace su.

Da farko su ma daga dama suke farawa. Akwai lokacin da suke yin layi ɗaya dama zuwa hagu, na biye hagu zuwa dama, haruffan ma su juya fuska, sunka sa wa salon suna da ke nufin juyin sa a gona, duk wanda ya taɓa riƙe garmar shanu ya san in an kai ƙarshen kunya ba a komawa farko, juyowa ake a kamo ta gaba. Dokokin birnin Gortyn da ke sassaƙe a bango a Kirit haka anka rubuta su. Daga baya sunka tsaya a hagu zuwa dama. Kuma kowane gari da nasa salon haruffa, har sai shekara ta 403 kafin haihuwar Annabi Isa Atina ta ɗauki salon mutanen Ayoniya, Girkawan gabas ke nan, a hukumance, mai harafi 24, sauran garuruwa sunka bi sannu a hankali, shi ne ake amfani da shi har yau. Salon Girkawan yamma shi ya ƙetara Italiya ya shiga hannun Eturuskawa, tsofaffin mutanen tsakiyar Italiya, sannan Rumawa, shi ne bokonmu. Rubutun Rashawa da na Kibɗawan Masar da na tsohuwar Nubiya a Sudan duk daga Girkanci sunka tsiro.

Mu ma ai kakanninmu sun yi irin wanga gyara. Larabci ba shi da wasalin e, malamanmu sunka ɗauko ɗigon imala na ƙira'ar Warshu sunka sa a ƙasan harafi, sunka ba ɗa mai hannu aikin ɗ, sunka ƙara masa ɗigo uku ya zama tsa. A boko ma haka, bayan makarantar Ɗan Hausa ta Nassarawa a Kano ta 1909 an daɗe ana fama da ɗigo a ƙasan harafi kafin a samu masu lanƙwasa ɓ ɗ ƙ a shekarun 1930, zamanin da Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a 1939. Yau kuma mu da kanmu muke zubar da su, ka ga an rubuta kasa ba ka sani ba ƙasa ce ko kasa, dan Adam da ɗan Adam duk ɗaya, alhali yanzu wayar zamani tana da allon rubutun Hausa, lalaci ne kawai. Ajamin kuma an cire shi daga ƙananan takardun naira a 2007 munka yi ta surutu, amma mu nawa ne cikin masu surutun ke iya rubuta wasiƙa da shi?

Roƙona gare ka Malam Edita guda biyu ne. Ka sa masu buga jaridarka su daina cinye lanƙwasar haruffa musamman a kanun labarai da shafinku na Facebook, don malaman firamare a nan suna yankar jaridar su kai aji. Sannan ka ware ko da rabin shafi ne duk mako a riƙa buga gajeren labari ɗaya da boko da ajami gefe da gefe, akwai dattawa a Gwandu da Jega da Argungu da za su saya don wannan kaɗai, kuma akwai malamai a jami'o'inmu da kwalejojin ilimi da za su iya duba muku ƙa'idar rubutun.

Na gode, a gaida ma'aikata.

Naka mai karatu kullum,
daga Gwandu, Jihar Kebbi