Zuwa ga 'yata da ta tambaye ni labarin mata kaboyi

Assalamu alaikum 'yata,

Ranar Asabar a taronmu na masu karatu kin miƙe a gaban jama'a kin ce, "Mama, wai da gaske an yi mata kaboyi a Amurka, ko ƙaryar fim ce? In an yi, wane littafi zan fara da shi?" Samarin da ke baya suka fashe da dariya, aka kira magariba, taro ya watse ban ba ki amsa ba. Tunda a bainar jama'a kika yi tambayar, bari amsar ma ta zo inda kowa zai gani, har da masu dariyar.

An yi su. Amma wadda kike hangowa a ranki, mai malafa da bindiga a ƙugu tana sukuwa tana harbi, yawancinta masu wasan nishaɗi ne suka ƙera ta. Annie Oakley, wadda ta fi kowa suna, haifaffiyar Ohayo ce, nesa da ƙasar kiwon shanu. Talauci ne ya koya mata harbi: mahaifinta ya rasu tana ƙarama, ta riƙa farautar tsuntsaye tana sayarwa don a ci abinci a gidansu. A 1885 ta shiga tawagar wasan Buffalo Bill, har ta je Ingila ta yi harbi a gaban Sarauniya Biktoriya. Harbinta gaskiya ne, kiwon ne babu. Ita kuwa Calamity Jane, marubutan ƙananan littattafan kwabo-kwabo sun zuba wa labarinta gishiri har ya yi yawa, ita ma da bakinta ta taya su.

Masu kiwon na gaske ba su yi irin wannan suna ba. Margaret Borland, wadda ta binne mazaje uku, ta kora garkenta daga Tekzas zuwa kasuwar shanu ta Wichita a Kansas a 1873, da yaranta a tare da ita, kuma a can ajali ya riske ta ba da jimawa ba. Idan ƙurar kiwon kike so ki shaƙa, nemi No Life for a Lady na Agnes Morley Cleaveland, wanda ya fito a 1941. Ta tashi a gidan kiwo a Niyu Meziko, ta yi aikin da maza ke yi, da fari ma a kan sirdin mata, wanda ake zama ƙafafu biyu a gefe ɗaya. Ki kwatanta bin saniya mai gardama a guje a irin wannan zama.

Sai dai ba da shi zan ce ki fara ba. Ki fara da littattafan da matan suka rubuta ba don a buga ba.

Lillian Schlissel ta tattara irin waɗannan a 1982 cikin Women's Diaries of the Westward Journey, wato abin da mata suka riƙa rubutawa kullum a hanyar ƙaura zuwa Oregon da Kalifoniya. Tafiya ce ta kusan kilomita 3,200 a amalanken shanu mai rumfa, wata huɗu zuwa shida. Abin da ya cika rubutunsu shi ne wanki a bakin rafi, da tsintar busasshen kashin ɓauna a yi girki da shi saboda babu itace, da ƙirga kaburbura. Kwalara ta yi ɓarna a hanyar tsakanin 1849 da 1852, wasu matan har lissafi suke ajiyewa: yau mun wuce kabari kaza, jiya kaza.

Akwai wata a cikinsu da ba na mantawa da ita, Amelia Stewart Knight. Ta bar Ayowa a watan Afrilun 1853 da mijinta da 'ya'ya bakwai. Tana rubuta komai: ruwan sama, laka, warin mushen shanu a gefen hanya, ɗanta da ya faɗo daga amalanke, da ranar da suka tashi daga zango suka manta da 'yarta Lucy, kowa na zaton tana wajen wani, sai ayarin da ke bayansu ne ya kawo ta. Takan ce ta gaji, takan ce kanta na ciwo. Sai a ƙarshen rubutun, bayan sun isa Oregon a watan Satumba, ta faɗa a jimla ɗaya cewa ta haifi ɗanta na takwas. Ashe duk tafiyar nan da tsohon ciki ta yi ta, ba ta ambata ba ko sau ɗaya. Da na kai wurin sai da na ajiye littafin na tuna kakata, wadda har ta koma ga Allah ban taɓa jin ta furta cewa wance tana da ciki ba, sai dai ta ce "ba ta jin daɗi". Mijin Amelia ya ba da shanun huɗa huɗu ya karɓi fili da wata bukkar katako marar taga. Nan labarin ya tsaya.

Daga nan ki wuce ga Letters of a Woman Homesteader na Elinore Pruitt Stewart, 1914. Dokar rabon filaye ta Amurka ta 1862 ta ba duk wanda ya kai shekara 21, ko yake riƙe da gida, damar kama eka 160, ya zauna a kai shekara biyar ya noma, fili ya zama nasa. Budurwa da bazawara duk sun shiga ciki. Elinore wankau take yi a birnin Denba da 'yarta ƙarama, ta tafi Wayomin a 1909 ta zama mai aikin gida ga wani makiyayi, ta kama fili a gefen nasa, ta aure shi. Wasiƙu ne ta riƙa aika wa tsohuwar uwar ɗakinta, masu daɗin karatu da ban dariya, har sai kin zo inda jaririnta ya rasu: babu likita, babu limamin coci, mijin ya sassaƙa akwatin gawa, ita ta yi addu'ar binnewa da kanta. Amma ki karanta ta da ido biyu. Tana son nuna cewa kowace mace za ta iya, alhali masu bincike sun gano daga baya cewa filin bai tabbata da sunanta ba, ta sallama wa surukarta shi a 1912.

Littattafan Laura Ingalls Wilder na yara ne, kuma an tankaɗe su an rairaye. Ƙaninta da ya rasu yana jariri ko sunansa babu a ciki. The Long Winter ne na fi so, inda dusar ƙanƙara ta datse jirgin ƙasa a hunturun 1880 zuwa 1881, suka koma niƙa alkama a injin niƙa kofi, suna murɗa ciyawa suna hura wuta. Gidan da ke Little House on the Prairie kuwa a ƙasar ƙabilar Osej, 'yan asalin wurin, aka gina shi, ba da izininsu ba.

Wannan ne ya sa ba zan bari ki tsaya nan ba. Filayen da ake ta rabawa eka 160-160 suna da masu su. Sarah Winnemucca, 'yar ƙabilar Fayut ta Nebada, ta buga Life Among the Piutes a 1883, kuma ta kalli amalankun nan daga ɗaya gefen. Tana ƙarama aka ce ga Turawa nan tafe, kuma labari ya riga ya iso musu cewa wasu matafiya da ƙanƙara ta rutsa da su a kan duwatsu sun ci naman junansu. Kowa ya ranta a na kare. Ita ta kasa gudu, sai mahaifiyarta da gwaggonta suka tona rami suka binne ta da 'yar uwarta zuwa wuya, suka rufe musu fuska da ganye, suka ce kada su yi motsi. Haka suka wuni a cikin ƙasa, rana na dukansu. Da ta girma ta zama tafinta, ta ga yadda aka tasa mutanenta a gaba cikin tsananin sanyi zuwa Yakama, wani yanki da gwamnati ta keɓe wa 'yan asalin ƙasar, a 1879, yara na mutuwa a hanya, ta kai kuka har gaban Shugaban Amurka Hayes a 1880, aka sallame ta da alkawarin da ba a cika ba.

Ki karanta Amelia da Sarah a mako ɗaya, kada ki raba su. Na Sarah da na Elinore sun tsufa, za ki same su kyauta a intanet. Na Schlissel yana wajena, bangonsa ya yage na ɗinke shi da zare. Ki zo ranar Alhamis bayan la'asar ki karɓa, amma ki zo da jaka, don ba na ba da aron littafi a riƙe shi a hannu cikin damina.

Ki gaida mutan gida.

Mamanki ta taron karatu