Wasiƙa Zuwa Ga 'Yata Kan Akwatin Kwalliyarta

Assalamu alaikum, 'yata. Bayan gaisuwa da fatan kina lafiya, saƙonki ya iso. Na ji sun fara ba ki fitowa a shiri mai dogon zango, har kina shawarar sayar da akwatin kwalliyarki ki riƙe wasan kaɗai. Na yi miki murna da fitowar, amma sayar da akwatin ban yarda ba.

Za a ce miki taura biyu ba ta taunuwa. Ki dubi yadda Kannywood ta koma kafin ki ɗauki wannan magana. Tun da kasuwar faifai ta mutu aka koma YouTube da tashoshi irin su Arewa24, sabon ɗan wasa lissafin sin, wato kowace fitowa a fim, ake yi masa, iya fitowarki iya kuɗinki. Marubuci na iya cire ki daga labarin gobe, babu wanda zai nemi shawararki. Mai kwalliya kuwa tana lokeshan tun ranar farko har a tashi. Kin kuma sani, yawancin 'yan matan fim da zarar an ɗaura aure fitowa ta ƙare. Aikin hannu shi zai bi ki har ɗakinki.

Sai dai ki koye shi da gaske. Kwalliyar fim daban take da ta amare. Amarya so take ta fi kowa kyau, fim kuwa yakan buƙaci matar da ta wuni a gona, ko mai jinya, ko tsohuwa. Abin da ke ɓata mini rai shi ne a nuna mace ta tashi daga barci da jambaki da gazal kamar za ta biki. Kada sunanki ya fito a ƙarƙashin irin wannan aiki. Ki iya furfura da tamoji, ki iya tabo da ƙuna da jinin ƙarya. Tun da ba a jere ake ɗaukar fim ba, raunin da kika yi wa mutum a goshin dama yau za a iya neman sa bayan mako biyu, don haka ki ɗauki hoton kowace fuska a wayarki kafin a goge. Idan kin tara abin hannu, akwai makarantar koyon fim ta ƙasa a Jos, babanki ya ce zai cika miki.

Fuskar mutane amana ce. Ki wanke burushinki kullum, kada ki zagaya da kwalli ɗaya idon mutum biyar, haka ciwon ido ke yaɗuwa. Duk wani gam da za ki manna, ki fara gwada shi a hannun mai shi. Taki fuskar kuma ki bar ta yadda Allah ya yi ta. Mayukan bilicin cinye fata suke yi, kyamarar yanzu ba ta ɓoye komai.

Ranar da za ki yi aiki biyun, ki riga kowa zuwa, ki gama fuskokin mutane sannan ki zauna ki haddace maganganunki. Ku yi ciniki da furodusa tun kafin a fara, kuɗin wasa daban, na kwalliya daban, don kada a haɗa miki su a farashi ɗaya. Ki kuma tabbatar rajistarki da Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano tana nan daram.

Babanki da ƙannenki suna gaishe ki. Ki kira ni ranar Juma'a in ji abin da kika yanke. Allah ya yi miki albarka.

Mahaifiyarki.