Pinocchio na littafi ya fi na fim

Ranka ya daɗe Edita,

Bari in tofa albarkacin bakina kan Pinocchio, ɗan tsanar katakon nan da ya samu rai. Yawancin iyaye fim ɗin Disney na 1940 suka sani, amma littafin Carlo Collodi na Italiya, na 1883, ya fi tsauri. Gyaren da ke yi masa nasiha ma, guduma Pinocchio ya jefa masa ya kashe shi. Lokacin da ake buga labarin kashi-kashi a jaridar yara, an tsaya ne a inda aka rataye Pinocchio a bishiya, sai da masu karatu suka matsa aka ci gaba. Ni wannan nake karanta wa ɗalibaina. Yaran da suka saba da ɓarnar Gizo, ko gezau ba su yi.

Malamar firamare, Zariya