Rahoton ayyukan shekara: batun ɗaukar ma'aikata a jami'o'in gwamnati da hanyar kotu

Ƴan uwa mambobi, assalamu alaikum.

Kwamitin zartarwa ya ɗora mini nauyin kawo muku bayanin abin da ƙungiyarmu ta masu digirin dakta da ke neman aikin koyarwa ta yi a bana, nan Maraɗi.

Mafi yawan ƙarfinmu ya tafi ne kan ƙorafin ɗaya daga cikinmu. Ya nemi gurbin malami a wata jami'ar gwamnati, sanarwa ta ambaci fanni guda, da sakamako ya fito sai ga wanda aka ɗauka daga wani fanni dabam. Muka tara kuɗi, muka nemi lauya. Zaman farko da lauyan ya sanyaya mana jiki, don yawancinmu mun ɗauka alƙali zai baje dosiyoyi a gabansa, ya auna wa ya fi wa ilimi. Ya ce mana sam, alƙalin shari'ar gudanarwa ba ya sake ba da maki. Abin da yake dubawa shi ne ko an bi ƙa'ida: an fitar da sanarwa yadda ya kamata, sharuɗɗan da aka rubuta su ne aka yi aiki da su, kwamitin tantancewa an kafa shi bisa doka, wanda ya sa hannu yana da hurumi. In ya ga an kauce, sai ya soke shawarar. Sokewar kuma ba ta nufin mai ƙara ya samu aikin. Hukuma ce za ta sake lale.

Ƙarar ɗan uwanmu ba ta kai gaban alƙali ba, kuma a nan laifin har da namu. Kafin a je kotu sai an fara rubuta wa hukumar da ta yanke shawarar, ko ta sama da ita, a nemi ta sake dubawa, cikin wa'adi ƙayyadadde. Shi kuwa ya ɓata makonni yana bin manya suna cewa a yi haƙuri, za a gyara. Da ya rubuta takardar, bai karɓi shaidar ajiya mai hatimi ba. Sai da lokaci ya ƙure muka farga.

Saboda haka muka shirya zaman wayar da kai. Lauyan ya bayyana cewa a ƙarƙashin kundin tsarin mulkin 2010, Majalisar Shari'ar Gudanarwa da ke Yamai ce ke sauraron irin waɗannan ƙararraki, amma bayan sauyin mulki na 26 ga Yulin 2023 aka kafa Kotun Ƙasa, wadda ta gaji wannan aiki. Wani dattijon malami kuma ya raba mana abu biyu da muke yawan cakuɗawa. CAMES, wato majalisar ilimi mai zurfi ta ƙasashen Afirka da Madagaska, wadda aka kafa a Yamai a 1968, mai hedkwata a Wagadugu, ita ke tantance cancantar malaman jami'a ta hawa muƙami daga mataki zuwa mataki. Ɗaukar aiki na farko kuwa, hukumomin ƙasarmu ke yin sa, don haka ƙorafinsa a gida yake ƙarewa. Ya tuna mana cewa sai a 2010 Maraɗi, Damagaram da Tawa suka samu jami'o'insu; kafin nan kowa Yamai yake dosa.

Mun buɗe rajista a wurin magatakarda. Duk wanda ya ajiye dosiye, ya kawo kwafin sanarwar gurbin, shaidar ajiya da hoton sakamakon ranar da aka liƙa shi, don daga sanar da sakamako wa'adi ke fara tafiya. Masu turo hoto ta WhatsApp, don Allah a ga kwanan wata.

Wasiƙar da muka aika muna roƙon a riƙa bayyana ma'aunin maki tun kafin tantancewa, har yau ba amsa. Za mu sake aikawa.

Kuɗin lauya ya cinye kusan duk abin da ke asusu, kuma da yawa ba su biya kuɗin wata-wata ba. Ma'aji zai karanta lissafi dalla-dalla a babban taro, inda kuma za a zaɓi sabon kwamiti.

Magatakardan ƙungiya