Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Shugaban NASA, Hukumar Binciken Sararin Samaniya ta Amurka

Yallaɓai, bayan gaisuwa.

Hukumarku ta sha nanata cewa za ta kai ɗan'adam duniyar Mars a shekarun 2030. Mu da aikinmu ya shafi lafiyar 'yan sama jannati muna tambaya: a wane hali jikinsa zai isa can?

Ka san lissafin. Inda babu nauyi, ƙashin ƙugu da na gadon baya suna zaizayewa da kashi 1 zuwa 1.5 cikin ɗari duk wata, kalsiyam ɗin ya bi fitsari ya haifar da tsakuwar ƙoda. Motsa jiki na kusan awa biyu kullum, a keke da na'urar ɗaga nauyi ta ARED da injin gudu da sai an ɗaure mutum a kai, yana rage ɓarnar ne kawai. Ruwan jiki kuwa, kusan lita biyu, yakan baro ƙafafu ya taru a sama. Fuska ta kumbura, ƙafa ta koma kamar sillen kara, bayan ƙwayar ido ya baje, wanda ya tafi yana gani garau ya shiga neman tabarau. A binciken da aka wallafa a 2019, cikin 'yan sama jannati 11 an samu 6 da jinin jijiyar wuyansu ke tsayawa cik ko komawa baya, har da wanda jinin ya daskare masa. Wannan kam tuƙa keke ba ya maganinsa.

Tushen duk wannan ɗaya ne, rashin nauyi, kuma an daɗe da sanin hanyar gwada magani: na'ura mai juyawa da za ta danna jiki ƙasa. Japan ta fara gina wa tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa (ISS) ɗaki guda mai irin wannan na'ura domin gwaji a kan ƙananan dabbobi da tsirrai. Kuka soke shi a 2005. Gangar jikinsa na nan a birnin Tsukuba na Japan ana kallo. Shi ya sa har yau ba wanda zai iya cewa ko nauyin Mars, kashi 38 cikin ɗari na namu, ya isa ya riƙe ƙashin mutum, balle minti nawa ya kamata a juya shi a rana. 'Yan sama jannatin shirinku na Apollo ba su wuce kusan kwana uku a kan wata ba. Valeri Polyakov na Rasha ne ya fi kowa daɗewa a sararin samaniya a tafiya guda, kwana 437, alhali zuwa Mars da dawowa zai kusan cinye shekara uku.

Ga tashar ISS za ta yi ritaya a 2030. A 2024 kun ba kamfanin SpaceX kwangilar da ta kai dala miliyan 843 don ƙera kumbon da zai sauko da ita teku. Madalla, kuɗin jana'iza bai yi wuya ba.

Akwai kuma radiyeshan, wato tururin sararin samaniya mai illa ga jiki, wanda ake aunawa da milisibat. Iyakar da kuka sa wa ɗan sama jannati a duk aikinsa milisibat 600 ce, awon da Curiosity, motar bincikenku ta Mars, ta yi a hanya kuma ya nuna zuwa da dawowa kaɗai zai kai kusan 660.

Don Allah a kai ƙaramar na'urar juya mutum tashar kafin a rufe ta. In lokaci ya ƙure, a sa ta cikin sharuɗɗan kwangilar tashoshin kamfanoni da za su gaje ta, tun ba a gama zanensu ba.

Naku,
Wasu likitoci da masu bincike kan lafiyar 'yan sama jannati