Kafin a biya kuɗin yawon yini ɗaya zuwa birnin Fulorans

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da dukan ma'aikatan wannan jarida, ina roƙon ka ba ni fili in yi tsokaci domin amfanin masu karatu waɗanda harkar ilimi, kasuwanci, taro ko ziyarar 'yan'uwa ke kai su ƙasar Italiya, kuma sau da yawa yini ɗaya tak yakan rage musu kafin su kamo hanya. Kamfanonin yawon buɗe ido sun san da irin waɗannan baƙi, shi ya sa duk wanda ya sauka a birnin Roma zai ci karo da tallace-tallacen tafiyar yini guda, cikin ƙaramar tawaga tare da ɗan jagora, zuwa ɗaya daga cikin tsofaffin biranen da suka yi suna wajen zane da sassaƙa da gini. Wanda aka fi tallatawa shi ne Fulorans, babban birnin yankin Tuskani, kuma a kansa zan tsaya.

Ra'ayina shi ne wannan tafiya ta cancanci kuɗinta, amma da sharaɗi: tawagar ta kasance ƙarama da gaske, kuma tsarin tafiyar ya haƙura da abubuwa kaɗan waɗanda za a tsaya a kalla da kyau. Idan aka rasa ɗayan biyun nan, abin da mutum zai koma da shi shi ne ciwon ƙafa da tarin hotuna a waya waɗanda shi kansa ba zai iya bayanin abin da ke cikinsu ba.

Abu na farko da ya kamata mai niyya ya yi shi ne lissafin sa'o'i. Tsakanin Roma da Fulorans akwai tafiyar kilomita kusan 270. Jirgin ƙasa mai gudun gaske yana cinye ta cikin kimanin sa'a ɗaya da rabi, daga tashar Termini zuwa tashar Santa Maria Novella, wadda daga bakinta zuwa babbar majami'ar birnin tafiyar ƙafa ce ta 'yan mintoci. Motar bas kuwa tana ɗaukar fiye da sa'a uku a zuwa, haka kuma a dawowa, sannan ba ta da izinin shiga tsakiyar tsohon garin, domin an taƙaita zirga-zirgar motoci a can. Wato wanda ya zaɓi bas saboda rangwamen kuɗi ya sayar da wajen sa'a uku ko huɗu na yininsa tun kafin ya ga komai. Akwai kuma tsarin da ke alkawarin haɗa Fulorans da Pisa, wani lokaci har da Siyena, duk a yini guda. Taura biyu ba ta taunuwa, balle uku. Hasumiyar Pisa mai karkata abin kallo ce, ba na musu, amma tana da nisan kilomita 80 ko makamancin haka daga Fulorans, kuma duk lokacin da aka ba ta daga rabon Fulorans aka yanko shi.

Sai maganar yawan mutane. Kowane kamfani yana iya rubuta cewa tawagarsa ƙarama ce, don haka mai saye ya nemi a faɗa masa adadi, a rubuce. A ganina, da zarar mutane sun haura goma sha biyu ko goma sha biyar, amfanin ya fara zubewa. Titunan tsohon Fulorans matsattsu ne, ɗakunan gidajen zane kuma a cike suke, saboda haka babbar tawaga takan miƙe ta yi tsawo, na gaba suna jin bayani a gaban abin da ake magana a kai, na baya suna jin muryar jagora ta na'urar kunne alhali ƙeyar 'yan'uwansu kawai suke kallo. Ga jiran wanda ya shiga bayan gida, ga neman wanda ya tsaya ɗaukar hoto, ga sake ƙirga kawuna a kowace kwana. Hukumomin ƙasar su ma sun gane cewa manyan tawagogi matsala ce: a shekarar 2024 birnin Benis (Venice) ya ƙayyade yawan mutanen kowace tawaga zuwa 25, ya hana jagorori amfani da lasifika, ya kuma fara karɓar Yuro 5 daga masu ziyarar yini ɗaya a ranakun da cunkoso ya fi yawa.

Wani zai ce, tunda jirgin ƙasa yana nan, garin kuma ƙafa tana zagaya shi, me zai sa a biya jagora? Amsata ita ce Fulorans gari ne da ke iya ruɗin baƙo ba tare da ya san an ruɗe shi ba. A dandalin Signoria, gaban tsohuwar fadar gwamnati, kullum za ka ga jama'a sun yi cincirindo suna ɗaukar hoton mutum-mutumin nan da ake kira David, wanda Mikelanjelo ya sassaƙa tsakanin 1501 da 1504. Da yawansu ba su san cewa kwafi suke kallo ba. Na asalin, mai tsayin fiye da mita 5, an ɗauke shi daga wurin tun 1873 aka kai shi gidan zane na Accademia domin kare shi daga rana da ruwa, kwafin kuma aka kafa a 1910. Haka ƙofofin nan masu ruwan zinariya na ginin baftisma, da ke fuskantar babbar majami'a, waɗanda Lorenzo Ghiberti ya shafe daga 1425 zuwa 1452 yana ƙera su: na waje kwafi ne, na asalin suna cikin gidan tarihin majami'ar da ke bayanta. Jagoran kirki zai faɗa maka wannan tun farko, ka san abin da kake kallo.

Inda aikinsa ya fi fitowa shi ne a gaban ƙubbar babbar majami'ar, wato Santa Maria del Fiore. An fara ginin a 1296, aka yi fiye da shekara ɗari ana aiki, amma tsakiyarsa ta zauna a buɗe, domin faɗin wurin ya kai kimanin mita 45 kuma babu wanda ya san yadda za a rufe shi. Al'adar magina a lokacin ita ce a kafa katakon tallafi daga ƙasa, a ɗora gini a kansa har ya kama, to amma irin wannan faɗi da tsayi ya fi ƙarfin wannan dabara. Filippo Brunelleschi, wanda asalin sana'arsa ƙirar zinariya ce, shi ya warware matsalar tsakanin 1420 da 1436. Ya yi ƙubbar biyu, ɗaya a cikin ɗaya, da sarari a tsakaninsu domin rage nauyi, sannan ya sa aka jera tubalin ta yadda a kowane ɗan taƙi wasu suna tsaye suna kulle na kwance, kowane zagaye yana riƙe kansa har a ɗora na bisa. Wanda ya hau matakalar nan 463 zuwa ƙololuwa ta cikin wannan sarari yake bi, kuma a wasu wurare zai ga jerin tubalin da idonsa, a karkace, kusa da kafaɗarsa. Wanda ba a yi wa bayani ba bango kawai zai gani, yana haki. Sai dai hawan yana bukatar tikiti mai ƙayyadadden lokaci, yana kuma cin abin da ya kai sa'a guda, don haka a tafiyar yini ɗaya zaɓi ne tsakaninsa da wani abu, kuma ba na ba da shawararsa ga mai ciwon gwiwa ko wanda matsattsen wuri ke sa wa jiri.

Haka lamarin yake a gidan zane na Uffizi, wanda Giorgio Vasari ya fara ginawa a 1560 domin ya zama ofisoshin gwamnatin Cosimo na Ɗaya, daga gidan Medici, attajiran masu banki da suka mulki birnin. Dukiyar zanen da ke ciki ta tsira ne saboda mace ta ƙarshe a zuriyar, Anna Maria Luisa, wadda a 1737 ta ƙulla yarjejeniyar cewa ba za a fitar da kayan daga Fulorans ba. Ɗakunan suna da yawa, ba mai gama su a yini. Mafi yawan baƙi ɗakin zane-zanen Botticelli suke nufa a guje, su wuce wani allo da nake ganin mai karatunmu zai fi jin daɗin tsayawa a gabansa. Wani mai zane mai suna Gentile da Fabriano ne ya zana shi a 1423, yana nuna masanan gabas da suka zo gaida jariri Isa kamar yadda littafin Kirista ya ba da labari. Idan mutum ya matsa kusa ya dubi da'irar zinariya da ke kewaye da kan Maryamu, zai ga an zagaye ta da rubutu mai kama da na Larabci, haruffa dogaye an raba su da 'yan furanni. Kwaikwayon siffar rubutun ne, irin wanda masu zanen lokacin suke gani a jikin tasoshin tagulla da yadudduka masu tsada da fatake ke kawowa daga Masar da Sham. Tawagar mutum arba'in ba za ta iya matsawa ta ga wannan ba, ko da jagoran ya ambata. Mutum takwas kuwa kowa zai samu nasa lokacin, har ya yi tambaya.

Tunda na ambaci gidajen zane, to a kula da rana. Uffizi da Accademia duka a rufe suke ranar Litinin, kuma duk da haka ana sayar da tafiyar Litinin, sai a cike gurbin da zagayen titi. Ranar Lahadin farko ta kowane wata shiga gidajen tarihin gwamnati kyauta ce, abin da ke nufin layi mai tsawo. A tambaya ko kuɗin da aka biya ya haɗa da tikitin shiga mai lokaci, ko kuwa daga waje za a nuna ginin a wuce, domin kalmomin talla sukan bar wannan a dunƙule. A kuma tabbatar jagoran yana da lasisi, domin a Italiya wannan sana'a ce da doka ta tsara, kuma mai rakiya daga Roma ba lallai ne shi ne zai yi bayani a cikin gari ba.

Akwai abin da tallar ba za ta faɗa ba, wanda ya dace mai karatu ya ji tun daga gida. Yawancin abin da ake zuwa kallo a Fulorans ayyukan addinin Kirista ne ko na tatsuniyoyin Girka da Rum, kuma siffofin mutane tsirara suna ko'ina, har a kan titi. Shi kansa David ɗin, mai sassaƙar ya yi shi ne da nufin Dauda na littafin Kirista, kuma ba ya sanye da tufa, abin da Musulmi da yawa ba za su so su tsaya a gabansa ba. Wannan ma wani dalili ne na fifita ƙaramar tawaga, domin mutum yana iya yi wa jagora magana tun da safe, a nuna masa inda zai jira, ko a fi ba da ƙarfi ga gine-gine da tarihin birnin, wanda shi kaɗai ya isa cika yini. Haka kuma idan tsarin ya haɗa da abincin rana, a tambayi abin da za a ci, domin naman alade da ruwan inabi suna da babban matsayi a teburin Tuskani, wasu kamfanonin ma ɗanɗana giya suke sawa a matsayin garaɓasa. Lokacin salla shi ma sai mutum ya tsara wa kansa, cikin sa'ar hutun da akan bayar. Su kuma majami'u suna da dokar sutura: ba a shiga da kafaɗa ko gwiwa a buɗe.

Abin da ya rage na yinin a waje yake, kuma ba ya bukatar tikiti. Gadar Ponte Vecchio da ke kan kogin Arno an gina ta a 1345, shagunan da ke kanta a da na mahauta ne, har sai da aka tashe su a 1593 saboda wari, aka zaunar da maƙeran zinariya waɗanda har yau sana'arsu ce ke wurin. Ita kaɗai ce gadar birnin da sojojin Jamus ba su rusa ba lokacin da suke janyewa a 1944. A unguwar Santa Croce, inda majami'ar da ke ɗauke da kaburburan Mikelanjelo da Galileyo take, a roƙi jagora ya nuna ƙananan allunan da aka manna a bango, sama da tsayin mutum nesa ba kusa ba, masu nuna inda ruwa ya kai a ambaliyar ranar 4 ga Nuwamba 1966, wadda ta lalata ɗimbin littattafai da zane-zane.

Ba zan ɓoye ba cewa ƙaramar tawaga ta fi tsada, kuma wanda ke da kwana biyu ko uku gara ya kwana a garin ya zagaya a tsanake, ya ɗauki jagora na sa'o'i kaɗan kawai. Maganata ta shafi wanda yini ɗaya ne a hannunsa. Shi sai ya tanadi takalmi mai daɗin tafiya, domin daɓen duwatsu ne ko'ina, ya kula da aljihunsa a tasha da kan gada saboda 'yan sane, ya guji watannin Yuli da Agusta idan yana da zaɓi, saboda zafi da cunkoso. Kafin tawaga ta watse domin hutun rana, ya rubuta sunan wurin haɗuwa da lokacin tashin jirgin komawa a takarda, ya kuma karɓi lambar wayar jagoran, domin tikitin jirgin ƙasa mai gudu na ƙayyadadden lokaci ne da kujera, kuma wanda ya makara yana iya sayen wani daga aljihunsa.

Na gode da filin da aka ba ni. Allah ya ƙara wa jarida ɗaukaka.

Naka,
Wani mai karanta jaridarku a kullum