Zuwa ga kamfanin da ya saida mani injin sikana a Yamai: ku ba ni direban da ya dace, wato manhajar da ke tada injin, ko ku maido mani kuɗina

Assalamu alaikum, ranka ya daɗe shugaban kamfani. Ni ne mai ƙaramin shagon fotokofi da buga takardu nan Tahoua, wanda ya zo wurinku wata ukku da sunka wuce ya sayi injin nan mai firinta da sikana haɗe, jika 285 na sefa, faktir da takardar garanti duk suna hannuna. Na rubuto a fili ne saboda na gaji da kira ana ce mani teknisiyen ya fita, kuma ban faɗi sunanku ba don har yanzu ina fatan mu rabu lahiya.

Ranar da na saya na faɗa ma yaronku a sarari cewa kwamfutata Windows 11 gare ta, ya ce Alhaji babu matsala, sa faifan CD kawai komai zai tahi. Na ɗauko injin na hau mota, Dosso, Dogon Dutsi, Birnin Ƙonni har gida, fiye da kilomita 500, na sa faifan, manhajarku ta sikana ta ƙi buɗewa sam, sai wani ɗan akwati ke fitowa yana cewa ba a ga MSVCP140.dll ba. Na kira, teknisiyen ɗinku ya ce in shiga Google in rubuta sunan in sauke fayil ɗin daga duk inda na gan shi in jefa cikin System32, wata ma'ajiyar fayilolin Windows. Wallahi haka ya ce, ni kuma da ban sani ba na yi, sai saƙon ya canza ya koma lambar kuskure 0xc000007b, kuma daga ranar kwamfutar ta fara nauyi tana buɗe tallace-tallace da kanta, sai da anka goge ta gaba ɗaya, takardun mutane da ban kwahe ba sunka tahi, har da rubutun wata ɗaliba da na kwana biyu ina buga mata. Kunyar da na ji gaban yarinyar nan ta fi mani asarar kuɗin ciwo.

Ɗan yayata da ke karatu a Jami'ar Djibo Hamani ne ya zauna ya fahimtar da ni abin da ya kamata ku ku faɗa mani tun farko. DLL wani fayil ne da ke ɗauke da ayyukan da manhajoji da yawa ke ara idan sun tashi aiki, kamar rijiyar unguwa ce, ba kowane gida ke haƙa tashi ba. Manhaja ba ta magana da inji kai tsaye, tana kiran DLL, shi ya isar ma direban na'urar, wanda mu nan muke ce ma pilot, direban ne ke tada injin. In ɗaya ya ɓace ko bai dace ba to zancen ya tsaya a hanya. Shi wannan MSVCP140.dll ɗin ma ba wani abin ɓoye ba ne, yana cikin kunshin Visual C++ Redistributable da Microsoft ke badawa kyauta a shafinsu, da kun sa shi cikin faifanku da duk wannan bai faru ba. Kuma tsarin manhaja iri biyu ne, akwai na 32 bit akwai na 64 bit, ba su shiga wurin juna, a Windows mai 64 bit su DLL na 64 ne ke zama System32, na 32 kuma SysWOW64 ne gidansu, sunayen kamar an juya su amma haka abin yake. Yaya za a ce mai gyaran kamfani guda bai san wannan ba, ko ya sani ya tura ni shafin da ba a san mai shi ba in ɗauko cuta in sa ma kwamfutar da nake ci da iyalina da ita?

To ɗan yayar tawa ya sa kunshin na gaskiya, manhajar ta buɗe, munka yi murna, sai ga babbar matsalar. Direban sikana da ke cikin faifanku na 32 bit ne kaɗai, irin na zamanin Windows 7 wadda Microsoft ta daina kula da ita tun 14 ga Janairun 2020. Windows 11 da ta fito a 2021 ba ta da nau'in 32 bit ko kaɗan, tana iya tada tsohuwar manhaja mai 32 amma direba dole shi zama na 64. Kenan injin da kunka saida mani rabinshi ne ke aiki, yana buga takarda amma sikana ko motsi, alhali don sikana na saye shi. Lokacin ajiye dosiye na konkur ya zo, yara na shigowa da takardun haihuwa da na shaidar karatu, dala 20 kowane shafi, ina kallo suna juyawa suna zuwa shagon gaba. Ga haya, ga kuɗin kuran, ga forfe na intanet da na ƙone wurin neman direban da ku ya kamata ku ba ni.

Abin da nake nema bai da yawa. Ku aiko mani direban 64 bit na ainihi daga masu ƙera injin, ta WhatsApp ko a kan kile USB ta motar Tahoua, ni zan biya kuɗin aike. In babu shi ku faɗi gaskiya babu, in maido maku injinku cikin kwalinshi ku ba ni jika 285 ɗina. Kuma don Allah ku hana teknisiyen ɗinku ce ma mutane su sauke DLL daga ko'ina, na san ba ni kaɗai ya faɗa ma haka ba. Na ba ku zuwa ƙarshen watan nan, in ban ji daga gare ku ba zan taho Yamai da injin da faktir ɗin in zauna ofishinku sai na ga shugaba ido da ido.

Na gode, mai shagon fotokofi, Tahoua.